Shekarar da Muka Yi Dashe Tare da Mutanen Ƙetare

Litinin, 6 ga Janairu

Malamar gona ta zo da hantsi a kan babur ɗinta, bakinta ɗauke da albishir. Wai gwamnatinmu da ta ƙetaren kogi sun sa hannu a takarda: bana madatsa za ta saki ruwa ga ɓangarorin biyu lokaci ɗaya, kuma mu da su za mu dasa shinkafa cikin mako guda. Ba mai riga wani. Dalili kuwa, tsuntsun jan-baki.

Na ce mata, "'Yata, su tsuntsayen sun sa hannu?" Ta yi dariya. Yarinyar akwai haƙuri.

Ni da ake kira Sammako tun ina saurayi, don ba a taɓa riga ni dashe a wannan gaɓar ba, yau ni za a ce in jira mutanen ƙetare. Amma tunda ba mai jin wannan sai ni: shekara biyu a jere da gonata tsuntsu ke buɗe baki, don ita ke fara nuna. Abin da muka kwaso bara kunya ce a kira shi girbi.

Da azahar Auta ya same ni a zaure. Ya ce, "Baba, in bana ta zama irin ta bara, zan kwashe iyalina mu tafi birni. An yi mini alkawarin aikin lodi a tasha." Bai ɗaga murya ba. Da ya ɗaga, da na san abin da zan ce. Shi kaɗai ya rage mini a gona, yayyensa duk birni ta haɗiye su.

Alhamis, 9 ga Janairu

Taro a makarantar firamare ta bakin gada. Aka zaunar da mu a bencin yara, gwiwa na gaisawa da haɓa. Manyan baƙi daga ƙasashen biyu suka yi ta jawabi har inuwa ta canja wuri. Malama ce kaɗai ta yi maganar da ta shiga kunne. Ta zana a allo ta ce: tsuntsu komai yawansa ciki ɗaya gare shi. In gonaki suna nuna ɗaya bayan ɗaya, zai bi su bi da bi ya share. In duka suka nuna tare, sai ya ci ya ƙoshi ya bar saura.

Mai Gwangwani, abokin hamayyata na ƙetare, yana can a benci na gaba. Ya tsufa, amma tsawon na nan. Gonarsa na kallon tawa, kogi ne kawai a tsakani. Tun muna samari nake korar tsuntsu da majajjawa ya tafi wurinsa, shi kuma ya ja igiyar gwangwanayensa ya dawo mini da shi. Ya tuna mini da tatsuniyar kakata ta maƙwabta biyu da ɓera: duk wanda ya kama shi sai ya jefa shi ta katangar ɗan'uwansa. Ɓera ya yi ƙiba, har ya koma kawo kansa a jefa shi don ya huta hawan katanga.

Ƙarshen taro aka naɗa ni shugaban manoman wannan gaɓar, shi kuma na waccan. Na san dabarar. Mu biyun ne za mu fara karya dokar, shi ya sa aka ba kura ajiyar nama.

Da muka fito ya dube ni daga sama ya ce, "Sammako, bana za ka yi barci."

Asabar, 18 ga Janairu

Yau aka yafa iri a gadon reno, nan da can. Na yafa da yawa kamar yadda na saba. Malama ta ce ɓarna ce, ƙwaya biyu ko uku sun ishi rami. Na ce mata ubana da damƙi yake dasawa. Ta ce, "Allah ya ji ƙansa, Baba."

Asabar, 1 ga Fabrairu

Iri ya yi shar. Ƙafata na ƙaiƙayi.

Laraba, 5 ga Fabrairu

Mummunan labari daga ƙetare. Bakin magudanarsu ya ɓalle, ruwa ya kwanta a kan gadajen renonsu, iri ya ruɓe. In za su sake yafawa, sai sun bi bayanmu da makonni.

Kafin la'asar zaurena ya cika. Mai injin ban-ruwa ne a gaba: "Sammako, mu fa ba za mu zauna irinmu ya tsufa a gado don sakacin wasu ba. Ranar Litinin mu dasa. Kai ne ma ya kamata ka fara faɗa." Gaskiyarsa. Da bara ce, da tuni ina cikin laka.

Auta yana jingine a bakin ƙofa. Ni yake kallo.

Bayan an watse tsohuwa, uwargidana, ta kawo mini ruwa, ta tsaya a kaina. "Malam, in kun riga su, wa tsuntsu zai fara ci?" Na ce ba a tambayi mata ba. Ta ce, "Ai shi ma tsuntsun bai tambaye ka ba." Ta ɗauke kofinta tun ban gama sha ba.

Juma'a, 7 ga Fabrairu

Na tafi gadon reno da sassafe na tsuguna ina kallo. Iri ya cushe kamar gashin kai. Namu duka haka yake, don duk wannan gaɓar almajiraina ne a yafa da yawa. In aka bi maganar Malama, biyu-biyu a rami, abin da ke nan zai ishe mu ya ishi wata ƙasa. Sai na ji dariya ta kama ni ni kaɗai, don wata ƙasar ga ta can ina hangen ta.

Na tara mutane a gindin bishiyar bakin gona. Ban yi musu wa'azin zumunci ba, na san halin mutanena. Na ce, "In muka dasa Litinin, mu ne karin kumallon tsuntsu, su abincin rana. In muka raba musu iri muka dasa tare, kowa ɗan tsakure zai bayar. Ba don Allah nake cewa ku ba su ba, don cikinku." Mai injin ban-ruwa ya ce in ramin biyu-biyu bai yi ba fa? Na ce a fara da gonata, in ta lalace a yi mini waƙa.

Suka yarda, da ƙyar. Na aika wa Malama. Ta zo tana murmushi, na ce kada ta kuskura ta ce ta faɗa mini. Ta ce, "Ban ce komai ba, Baba." Ai murmushin ya ce.

Laraba, 12 ga Fabrairu

Wannan rana sai na rubuta ta da kyau.

Tun asuba muka cire iri, muka ɗaure dami-dami, aka loda a amalanke da baro da kawunan mutane. Muka doshi gada kamar masu kai lefe, ni a gaba da sandata. A tsakiyar gada jami'in kwastan na ɓangarenmu ya ɗaga hannu. Saurayi ne sabon zuwa, kakinsa da guga kamar wuƙa. Ya ce tsiro ba ya ƙetare iyaka sai da takardar izini. Na ce, "Ɗana, tsuntsun da ke ƙetarewa kullum da shinkafarmu a cikinsa, wace takarda yake nuna maka?" Bai yi dariya ba. Aikinsa yake, ban ga laifinsa ba, amma rana ta fara zafi, iri kuwa ba ya jiran sa hannu.

Can ɗaya bakin mutanen ƙetare sun taru, Mai Gwangwani ya fi kowa tsawo, ya haɗe hannu a baya. Muna ganin juna, ba mai iya matsawa.

Malama ta koma gefe da waya a kunne. Na ji tana cewa, "Ranka ya daɗe, yana cikin yarjejeniyar, a duba sashen iri da kayan noma." Ta kira wannan, wannan ya ce a kira wancan. Ganye ya fara sunkuyar da kai. Mai injin ban-ruwa ya matso kusa da kunnena: "Ga abin da ka jawo mana, mun rasa nan mun rasa can." Na yi kamar ban ji ba. Na dubi Auta. Ya tuɓe rigarsa ya jiƙa ya rufe damin da ke kan baro.

Sai ga jami'in kwastan na ƙetare, wani mai tumbi, ya taho da bokiti biyu yana haki. Ya ce, "Tsiro ne aka hana wucewa, ba a hana ruwa ba." Ya fara yayyafawa. Mutanensu suka yi layi daga kogi, bokiti na bin hannu har tsakiyar gada. Namu saurayin ya tsaya yana kallo, can ya ajiye hularsa a kan ƙarfen gada ya karɓi bokiti shi ma.

Gab da azahar waya ta yi ƙara, tasa da ta mai tumbi kusan tare. Kowa ya ƙame yana "To, ranka ya daɗe." Aka ɗage sanda. Wayyo, ihun da aka yi! Mata na guɗa ta ko'ina, amalanke na gudu kamar an kunna mata inji. Ni da na ce ba zan yi sauri ba, sai ga ni a ƙetare ban san lokacin da na taka ba.

Mai Gwangwani ya ɗaga dami ɗaya ya jujjuya. "Gajere ne, kamar mai shi." Na ce, "Dasa ka gani, gajere ba yaro ba ne." Ya riƙe hannuna ya daɗe bai saki ba. Hannunsa kamar icce.

Litinin, 17 ga Fabrairu

Ruwa ya iso nan da can a safiya ɗaya, aka shiga dashe. Irin da muka kai musu a jiƙe suka ajiye shi tun Laraba. Na miƙe daga sunkuyo na duba: bayan mutane a duƙe, daga gonata har inda ido ya tsaya a ƙetare. Tunda aka haife ni ban ga haka ba.

Biyu-biyu a rami. Gonar kamar kan mai sanƙo. Allah ya rufa asiri.

Asabar, 15 ga Maris

Shinkafa ta yi 'ya'ya, ta rufe ƙasa, laka ba ta ganuwa. Mai injin ban-ruwa ya wuce ta bakin gonata ya yi kamar yana neman akuya.

Talata, 22 ga Afrilu

Shinkafa ta yi nono, baƙinmu masu jan baki sun iso. Da safe suka taso daga gabas kamar hayaƙin gobara, har rana ta dusashe. Na san wannan baƙin girgijen. Amma da suka zo kan kogi sai suka tsaya suna juyi, don tebur ya yi musu faɗi. Suka watsu, kaɗan nan kaɗan can.

Yadda muka shirya da Mai Gwangwani: ba mai kora zuwa ga ɗan'uwansa. Shi zai fara jan igiya, mu amsa. Gwangwani ya ɗauka daga can, namu ya ɗauka daga nan, kogi ya cika da ƙara. Tsuntsu ya tashi daga wurinsu ya nufo mu, ya tarar nan ma ba wurin zama, sai ya yi sama ya bi kogi ya gangara dajin ciyawa. Na yi ta dariya har na zauna a kan kunyar gona. Ɓeran kakata yau ya rasa mai jefa shi.

Litinin, 5 ga Mayu

Suna ci, ban ce ba sa ci ba. Amma ci ne na baƙo mai kunya.

Asabar, 24 ga Mayu

An gama yanka, an buga, an kwaso. Rumbu ya cika, sauran buhuna na ɗakin tsohuwa, tana ta mita wai ta rasa inda za ta shimfiɗa tabarma. Mita ce, amma bakin na dariya.

Manyan baƙi sun sake zuwa makarantar bakin gada, da masu ɗaukar hoto. Sun ce za a kai tsarin wasu koguna. Ɗaya ya ce nasarar hangen nesan gwamnatocin biyu ce. To, ban musa ba. Ba don takardar tasu ba da iri ya bushe a gada. Ba don bokitin mai tumbi ba da takardar ta iske gawa.

Laraba, 28 ga Mayu

Na fito da safe na tarar da Auta yana auna bayan rumbu da taku. Na ce lafiya? Ya ce, "Wannan ba zai ishe mu baɗi ba, Baba. Gara a ƙara wani kafin ruwa ya sauka." Baɗi, in ji shi. Na ce ya matsa gaba kaɗan, nan ƙasar tana riƙe ruwa. Na shiga ɗaki da sauri, wani abu ya faɗa mini a ido.

Lahadi, 8 ga Yuni

An yi ruwan farko jiya, ƙasa na ƙamshi. An sa ranar shukar damina, ta yi mini nisa, kuma Auta ne zai wakilce mu a zaman gaba. Gwiwata ce ba ta son bencin yara.

Da la'asar na fita shan iska bakin gada. Kujera biyu na sa aka kai mini, ɗaya ta zama, ɗaya ta miƙe ƙafa. Mai Gwangwani ya ƙetaro, ko sallama bai gama ba ya ture mini ƙafa ya zauna. Surutu ne da shi kamar gwangwanayensa, duk ya hana ni sakewa har magariba.

Gobe in an kai kujerun, a sa tasa wajen inuwa. Ba don komai ba, in rana ta dake shi surutun ƙaruwa yake.