Na Fi Jin Daɗi Yana Can Nesa a Bayana

Zuwa ga Goggo Palmira,

Don Allah ki taimaka mini da shawara kafin watan nan ya ƙare, domin na rasa wanda zan gaya wa. In na gaya wa 'yata dariya za ta yi, in na gaya wa ƙawayena na coci kafin Lahadi duk unguwa ta ji. Abin kunyar kuma shi ne ba wata babbar matsala ba ce. Lafiyata lau, mijina mutumin kirki ne, kuma ina cikin farin cikin da na daɗe ban ji irinsa ba. Farin cikin ne ma ya jawo maganar.

Ni 'yar Cremona ce, nan aka haife ni, nan na tsufa a kan keken ɗinkin labule. Kin san garinmu, a shimfiɗe yake kamar faranti, tudun da na fi hawa a rayuwata shi ne matakalar gidan uwar mijina. Amma duk ranar da hazo ya washe, in na fita shanya a baranda sai in hango duwatsun arewa da fararen kawunansu, in ce a raina wata rana. Na yi ta cewa wata rana har kaina ya kusa kamo nasu a fari.

Mijina Ettore tsohon direban bas ne. Kada ki damu da na faɗi sunansa, in ba shafin ƙwallo ba babu abin da yake karantawa a jaridar nan. Shekarar da ta wuce waccan aka canza mini ƙashin kwatangwalo da na ƙarfe, aikin ya zo da gardama, na daɗe a kwance. Ba zan manta abin da ya yi mini ba. Mutumin da ko ƙwai bai iya soyawa ba ya koyi miya, shi ke yi mini wanka, shi ke sa mini safa. To, na warke, likita ya sallame ni, amma Ettore bai sallame ni ba. In za mu tsallaka titi sai ya riƙe mini gwiwar hannu. Jakar kasuwa ko albasa biyu ce a ciki sai ya karɓe. In na ɗan jima a banɗaki sai in ji ƙwanƙwasa, wai "Tsohuwa, kina nan?" To ina zan je?

'Yarmu Loredana ce ta biya mana tafiya kan ƙanƙarar Forni, daskararren kogin ƙanƙara da ke can saman duwatsun nan, a ranar haihuwata, irin wadda jagora ke yi da 'yan koyo. Ettore ya ce wannan hauka ne, wa ya aiki mai ƙugun ƙarfe hawan dutse. Da ya ga na sayo takalma sai shi ma ya sayo nasa, ya ce ba zai bari in karye a hannun baƙi ba.

Jagorarmu sunanta Ivana, 'yar kwarin da ke gindin dutsen ce, sa'ar Loredana, rana ta ƙona mata fuska, kuma ba ta da yawan magana. A bakin ƙanƙarar ta ɗaura mana haƙoran ƙarfe a ƙarƙashin takalma, ta ce mu riƙa tafiya a buɗe kamar yaron da ya jiƙa wando. Sannan ta sa mana ɗamara ta haɗa mu da igiya ɗaya, ita a gaba, ni a tsakiya, Ettore a ƙarshe. Doka ɗaya ta nanata: igiyar ta zauna a miƙe, kada ta ja ƙasa, kuma tsakanin mutum da mutum a bar tsawon bas guda. Ta ce akwai tsagogi masu zurfi da dusar ƙanƙara ta rufe bakinsu. In mutum ya zurma igiya na miƙe, iyakarsa ƙugu. In kuwa ta saki, zai yi nisa a ciki kafin ta kama shi, ya kuma fizgo na bayansa.

Ettore ya gyaɗa kai kamar ya ji. Ba mu yi nisa ba na ji hannu a gwiwar hannuna. Ashe ya naɗe igiyar a hannu kamar ya sauko da igiyar shanya, ya matso yana tambayata ko na gaji. Ivana ta yi masa magana a hankali, ya koma. Da muka zo wani ɗan gangare sai ga shi kuma. Nan ta tsaya ta juyo ta ce, "Signor Ettore, in kana son matarka koma baya. A nan kusa da ita babu abin da za ka tsinana mata, sai dai ku faɗa rami ɗaya." Akwai wasu samari 'yan Bergamo a wata igiyar kusa da mu, ɗaya ya ce, "Baba, saki Mama ta sha iska, ba mai sace ta a nan." Suka yi dariya, kunnuwan mijina suka yi ja, ya koma baya.

Goggo, ga abin da ban iya faɗa wa kowa ba. Daga nan har azahar, ban taɓa jin daɗi irin na wannan tafiya ba. Babu abin da nake ji sai ƙarar haƙoran nan suna cizon ƙanƙara, da ruwa yana gudu a can ƙarƙashin ƙafafuna, da numfashina. Na leƙa wata tsaga na ga shuɗin da duk shekarun da na yi ina taɓa yadi ban gamu da irinsa ba. Ba wanda ya tambaye ni ko na gaji. Na gaji kuwa, amma gajiyar tawa ce. Na yi kuka a bayan baƙin tabarau, na murna, kuma na san dalilin murnar har da cewa mijina yana can nesa a bayana.

A hanyar dawowa rana ta sa dusar ta yi laushi. Ina taka wani wuri sai ƙasa ta buɗe, na zurma har ƙugu, ƙafafuna na lilo babu abin takawa. Igiyar ta ɗaure ni tamau gaba da baya, ban ƙara ko taƙi ba. Ivana ta ce in kwanta da ciki in ja jiki, haka na fito da kaina, ba wanda ya ɗago ni. Da na waiwaya na ga Ettore zaune daɓas cikin dusa, ya kafe dugadugai, wandonsa ya jiƙe sharkaf, sai dariya ta kama ni har da riƙe ciki. A masaukin kan dutse na rungume Ivana, na sumbace ta a kumatu biyu, na saya mata farantin polenta, tuwon masarar nan namu, da cuku, na gaya wa duk wanda ke wurin cewa yarinyar nan ta ceci raina.

Tun da muka dawo mutumina ya canza. Ba faɗa, ba gaba, yana cin abincina, yana shayar da tumatirinsa. Amma ya kai takalmansa ɗakin ajiya na ƙasa. In za mu tsallaka titi yanzu sai ya zuba hannu a aljihu ya yi gaba abinsa, kuma abin mamaki, hakan ma bai yi mini daɗi ba. In na yi zancen dutse sai ya ce, "Ai ke kin zama akuyar dutse, me za ki yi da tsohon direba." Wataƙila ma jikinsa ne ba ya so, don na ga ɗamarar nan ta kwantar masa da jini a ƙugu, ya yi mako yana shafa magani a ɓoye.

Ivana za ta yi wata tafiyar a farkon Satumba, wadda ake kwana a sama, ta ce za ta ajiye mana wuri zuwa ƙarshen wata. Ettore ya ce shi da dutse har abada, ni kuwa in ga dama in je. Ina son zuwa kamar me. Amma ba na son in sayi dutse da zaman lafiyar gidana. In tafi da Loredana ne, ko in haƙura in koma hange daga baranda? Kuma laifi ne mace ta ji daɗi don mijinta ya ja baya?

Mai Ɗinkin Labule, Cremona

*

'Yar'uwa Mai Ɗinkin Labule,

Bari in fara da tambayarki ta ƙarshe don ki samu barci: ba laifi ba ne. Wanda ya daɗe ana tallafe da shi, ranar da ya tsaya da ƙafarsa dole ya ji daɗi, ko da mai tallafen masoyi ne. Ba nisan mijinki kika yi wa murna ba, ƙafafunki kika yi wa. Sai dai kada ki gaya masa da kalmomin da kika gaya mini, don ba haka zai ji su ba.

Shi ma a duba nasa. Ke ciwon kika sha, shi kuwa tsoron ya sha, a tsaye a bakin gadon asibiti. Ƙashi yakan warke kafin tsoro, kuma wanda maciji ya sara in ya ga baƙin tsumma gudu yake yi. Mutumin da ya ƙare aikinsa yana duba madubi don kada fasinja ya faɗi, ba rana ɗaya zai daina ba. Ivana ta yi gaskiya, kuma gara ta faɗa da kaushi da a yi ta'aziyya. Amma gaskiyar da aka gaya wa dattijo a gaban samari masu dariya tana da ɗaci, ko da ita ce magani.

Yanzu ki sake karanta wasiƙarki, don amsar tana ciki. Kin ce igiyar ta ɗaure ki gaba da baya. Na gaban kin rungume ta, kin saya mata polenta, kin yi shelarta. Na bayan fa? Mutumin da kika gani zaune cikin dusa ba zamewa ya yi ba. Ya ga matarsa ta nutse a gaban idonsa, duk jikinsa na ce masa ya ruga, amma ya zauna ya kafe dugadugai kamar yadda aka koya masa. Wannan shi ne abu mafi wuya da aka taɓa nema a wurinsa, kuma ya yi. Jinin da ya kwanta a ƙugunsa ba tsufa ba ne, nauyinki ne. Ladan da ya samu kuwa dariya a kan jiƙaƙƙen wando. Ban ce kin yi da gangan ba, wanda ya fito daga rami komai ma dariya yake ba shi. Amma shi abin da ya ɗauko daga dutsen nan shi ne an kore shi, an kuma tsira ba da shi ba.

Saboda haka kafin zancen Satumba, ki dafa abin da ya fi so, ki zaunar da shi, ki gaya masa kin san wanda ya riƙe ki. Kada ki haɗa da roƙon tafiya a rana ɗaya, sai godiyar ta zama kamar toshiya. Bayan kwana biyu ki sauka ɗakin ajiya ki ɗauko takalman nan, ki goge, ki ajiye inda zai yi tuntuɓe da su. Sannan ki ce masa kina son zuwa, kuma ba wanda kika yarda ya riƙe miki ƙarshen igiya sai shi. Ba daɗin baki ba ne, tunda kin gwada kin gani.

Ba a fafe gora ranar tafiya. Ki je wurin likitan da ya yi miki aiki ya duba ƙugun nan, musamman bayan zurmawar da kika yi, shi ma Ettore a duba shi. Ki gaya wa Ivana gaskiyar ƙarfinku, in ta ce tafiyar ta fi ku, ku bi maganarta. Ku riƙa hawa matakala tare kullum, ke da jakarki, shi da tasa. A titi kuma ku yi sulhu: jakar kasuwa taki ce, amma ki riƙa miƙa masa hannu da kanki wani lokaci, don riƙon da aka nema daban yake da wanda aka ɗora wa mutum.

In duk da haka ya ce ba zai hau ba, kada ki fasa, kada kuma ki tafi cikin fushi. Ki tafi da Loredana, shi ya raka ku masauki ya jira da kofinsa. Amma ni ina zaton zai ɗaura takalman. Bai ƙi dutse ba, wurin zamansa ne ya ɓace masa, kuma ke kaɗai za ki nuna masa cewa yana nan, tsawon bas guda a bayanki.

Allah Ya ƙara lafiya, Ya kai ku Ya dawo da ku, ku biyu.

Goggo Palmira