Kun Cire Ni Daga Kiɗan Tiyo

Ƙanena,

Bayan gaisuwa, in har ta rage a tsakaninmu. A bango na ga fostar wasan da ƙungiyarmu za ta yi a babban zaure, na duba sama da ƙasa babu hotona. Ni da na tsinci tiyon roba mai zobe-zobe a bola, na wujijjiga shi sama da kaina har ya yi kuka, ana ce min mahaukaci! Wa ya koya maka cewa in ka ƙara sauri murya hawa take? Na je ɗakin gwaji na tarar kun canza kwaɗo. Ka kyauta. Ka aiko min da dogon tiyona.

Yayanka.

Yaya,

Ina gaisuwa da girmamawa, ya jiki? Tiyo kam ba zan aiko ba. Ka ce na ci amana, ko? To ai gara ni. A wasanmu na ƙarshe hannunka ya saki, tiyon ya tashi ya faɗa cikin 'yan kallo, ka yi dariya wai salo ne. Anti, matarka, ta zo shagona tana kuka, ta ce ko maɓallin riga ita ke saka maka, kuma likita ya ce in ka ci gaba kafaɗar ta tafi ke nan. Ka ɓoye mana, yanzu kuma ni ne mugu? Wallahi na fi son ka zage ni da hannu biyu.

Ka huta lafiya.
Ƙanenka.

Kai,

Na amsa gaisuwarka don dole. Wato har da matata kuka haɗa baki. Kafaɗar taka ce? Da ka zo ka faɗa min ido da ido, da na ji zafi amma na haƙura. Sai ka bari na ji a bango kamar baƙo. Kada ka ajiye min kujera, ƙafata ba za ta taka zauren nan ba.

Wassalam.

Ƙanena,

Sallama. Na je zauren, a baya na tsaya, kusa da ƙofa. An yi tafi, na ji. Amma yarinyar da ke gefen hagu da kafaɗa take juya tiyo maimakon wuyan hannu, haka na fara lalata tawa. Ka turo min ita ranar Asabar. Kai kada ka biyo ta tukuna.

Yayanka.