Muryar Baba a Hannun Bature

Guangzhou, 6 ga Satumba, 2008

Zuwa ga Yaya Fasuma,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Gaisuwa mai yawa da fatan alheri gare ki, ke da maigidanki Malam Shehu da yara duka. Yaya azumi? Allah ya karɓi ibadarmu, ya ƙara wa Inna sauƙin ƙafarta. Ni ma lafiya lau nake, sai zafin garin nan mai kama da tururin tukunya, da tsananin biza da ya mayar da mutanenmu da yawa gida saboda wasannin Olamfik. Ranar Juma'a idan na waiga a Masallacin Huaisheng, fuskokin da na saba gani sun ragu ƙwarai. Tawa bizar dai an sabunta, sai godiya.

Harouna, ɗan garinmu da zai dawo gida, zai kawo miki wannan takarda tare da wani faifai. Don Allah kada ki saka shi sai kin karanta har ƙarshe.

Yaya, kin tuna Baturen nan mai dogon gashi da ya sauka gidanmu a Maradi shekarar fari, wanda Baba ya yanka wa zabuwarmu ta ƙarshe? Ni ina goye a lokacin, labari kawai na ji a bakinku. To, na gan shi da idona. Wata biyu da suka wuce na shiga kasuwar kayan lantarki ta Tianhe zan sayi lasifikoki, sai laoban, wato mai shagon, ya saka wani faifai don in ji ƙarfin kayansa. Kiɗa ne na Turawa mai ganguna da ƙarar jita, wanda suke kira rok. Amma da amshin ya zo sai tsigar jikina ta tashi, domin karin waƙar nan ne da Baba ya yi da gurminsa bayan rasuwar wanmu Sabiru, wadda Inna take rerawa ƙasa-ƙasa idan tana tankaɗe. Na tambayi laoban mai waƙar, sai ya nuna mini wani tsoho a shagon gaba, gashi a rine baƙi wuluk, ɗan kunne a kunne ɗaya, yana cinikin wayoyin jita.

Sunansa Clive Mardle. Da na gaishe shi na ce daga Nijar nake, sai ya ja ni wurin shan shayi, ya yi awa biyu yana ba ni tarihin kansa, ban tambaye shi ba. An haife shi a wani garin masaƙu a arewacin Ingila. Ya bar makaranta yana ɗan shekara sha biyar, ya kafa ƙungiyar kiɗa da abokansa uku, suka yi shekara takwas suna kiɗa a mashaya ba wanda ya san da su. Daga nan ya ratso Sahara a mota, ya koma gida da waƙar da ta ɗaukaka shi. Ya ce an kaɗa ta a kowace rediyo, ta saya masa gida mai lambu da dawaki. Sauran labarin duk ɓarna ce, amma yana faɗa yana dariya kamar abin yabo: ya kori abokansa daga ƙungiyar don kada a raba suna, ya yi aure uku ya rabu da su duka, giya ta cinye gidan da dawakin, 'ya'yansa biyu ba sa amsa wayarsa. Yanzu yana kiɗa a wani otal a Tianhe, yana kuma sa wata masana'anta ta buga sunansa a kan jita masu araha.

Na tambaye shi inda ya samo waƙar. Yaya, mutumin nan ya dube ni ido cikin ido ya ce a mafarki ta zo masa, yana kwance a kan rairayi. Sai na rera masa asalinta da Hausa, na ce ni ɗan Kallamu mai gurmi ne, kuma waƙar makoki ce ta yaro ɗan shekara huɗu da ƙyanda ta ɗauke. Na zaci zai ji kunya. Ina! Tafi ya yi, ya rungume ni, warin giya na tashi da rana tsaka, yana cewa wannan labari zai dawo da shi jaridu. Ko sunan Baba bai tuna ba. Na nemi ma'anar baitocin da ya ɗora wa karin, aka fassara mini: wata mace ce yake kira ta biyo shi ɗaki. Abin da duniya ta shekara talatin tana rawa da shi ke nan. Ranar ko abinci na kasa ci.

Amma ya faɗi abu ɗaya da ya ɗaure ni. Ya ce da ya sauka gidanmu ya ɗauki muryar Baba a kaset, kaset ɗin yana nan, ya juye shi a kwamfutarsa. Zai ba ni, da sharaɗin in hau dandamali tare da shi ranar wani bikin zumuncin ƙasashe da otal ɗin ya shirya don Olamfik, in sa babbar riga, ya nuna ni ga jama'a. Kin san Baba ya rasu ina ɗan shekara biyar, ba hoto, ba komai. Na kai maganar gun Alhaji Maidaji, dattijonmu na unguwar Sanyuanli, ya ce durƙusa wa wada ba gajiyawa ba ne, in je in karɓo abin gidanmu, amma kada in sa hannu a kowace takarda.

Na je, da la'asar. Na tsaya a gaban mutum fiye da ɗari biyu kamar ragon da aka kai kasuwa. Ya gaya musu wai wani makaho marar suna ya tsinta a cikin hamada, yana gunaguni, shi kuma ya mayar da gunagunin waƙa. Baba da yake zura zare a allura har ƙarshen ransa! Ya ce ni ne ɗan makahon, ya kira ni da wani suna da ba nawa ba, ya miƙo mini abin magana don in gode masa. Na karɓa. Na ce sunan mutumin Kallamu ɗan Alhasan, idonsa garau, shi ya yi waƙar don ɗansa da ya mutu, kuma ya ciyar da wannan baƙo kwana uku a shekarar da mutane ke tonon gidan tururuwa. Na faɗa da Turancin da na iya, na maimaita da guntun Sinancina. Shi kuwa, da yake tabarmar kunya da hauka ake naɗe ta, sai ya goge ido kamar mai kuka, ya buga jita, mutane suka hau tafi. Ban sani ba ko an fahimce ni. Bayan an tashi ya miƙa mini faifan, har da sa hannunsa a kai, ya ce na yi ƙoƙari, mu sake yi mako mai zuwa. Ban sake taka wurin ba. Rigar ma na bayar da ita.

Na saurari faifan sau ɗaya, ni kaɗai. Minti sha ɗaya ne. Muryar Baba siririya ce, ba kamar yadda na ƙiyasta ba, kuma yana tari kafin ya fara. Ana jin daka daga cikin gida. Wajen ƙarshe wata yarinya ta shigo da gudu tana cewa Inna ta ce tuwo zai huce, shi kuma ya yi dariya ya ce wa Fasuma ta je, yana zuwa. Ke ce, Yaya.

Ki fara tambayar Inna ko tana son ji. Idan ta ce a'a, ki adana, kada ki matsa mata. Idan ta yarda, ki zauna kusa da ita.

Ki gaishe mini da Inna da kyau, ki roƙa mini addu'arta. Ina gaida Malam Shehu, Gwaggo Yalwa, Mariama da Radiyya, da duk mutanen gida. Allah ya jiƙan Baba da Sabiru, ya sada mu da alheri.

Ƙaninki,
Tankari Kallamu