Umara da Tankar Ruwa

Litinin, 6 ga Mayu, 2024

Umara ya kira ta bidiyo bayan na dawo daga makaranta. Ƙanen nan nawa ba ya girma. Ya hau saman tankar ruwan da yake tuƙawa a Saudiyya don ya nuna mana sabon birnin da suke ginawa. Benaye na gilashi, wasu har yanzu ƙarafa ne tsirara. Wai da ya zo wurin ko bukka babu. Dabinon bakin titi ma da girmansu aka kawo su a mota aka kafa.

Ammi ta matso da fuskarta jikin waya ta ce, "To su waye za su zauna a ciki? Ina rijiyarsu?"

Ya yi dariya ya ce, "Ni ne rijiyar, Ammi."

Sai ya juya wayar ɗaya gefen. Babu komai. Yashi har inda sama ta sauko. Mu ma mun san rairayi a Barno, amma namu akwai ƙaya, akwai akuya, akwai sawun mutum. Wancan ko tsuntsu. Wai can ciki aka mayar da shi, yana kai wa masu shimfiɗa hanya ruwa, kuma kwalta ba ta kai wurin ba tukuna. Gabana ya faɗi. Ban nuna ba.

Lahadi, 12 ga Mayu

Bai kira ba. Saƙona bai shiga ba.

Litinin, 13 ga Mayu

Ina ɗakin malamai wata baƙuwar lamba ta shigo. Wani Sa'id, ɗan Sudan, ɗakinsu ɗaya da Umara. Larabcinsa ya yi kusa da namu na gida, mu Larabawan Barno, na fahimce shi sarai, har na so a ce ban fahimta ba.

Guguwar yashi ta tashi jiya da hantsi. Tankoki uku suka fita, biyu suka dawo. Iska ta shafe sawun taya, ta binne alamomin hanya. Umara yana tare da abokin tuƙinsa Karim, mutumin Bangaladash.

Na ce ai da sauƙi, ruwa ne fal a bayansu. Sa'id ya ce, "A hanyar dawowa suke, 'yar'uwa. Sun riga sun juye."

Ban san yadda na hau keke na iso unguwarmu Hausari ba. Ammi na tsakar gida tana tsince shinkafa. Hawan jininta bai daɗe da sauka ba. Na ce mata Umara ya aiko gaisuwa, wayarsa ce ta lalace.

Talata, 14 ga Mayu

Na gaya wa Kawu Ba'ana a shagonsa. Ya cire hula ya riƙe a hannu. Ya ce kada Ammi ta ji sai an san abin da ake ciki.

Na buɗe taswira a waya. Birnin ɗan ɗigo ne, kamar ƙwayar gero a kan tabarma. Ina ja da yatsa, ina ja, launi ɗaya ne. A cikin wannan za a nemi mota guda?

Sa'id ya ce kamfani ya fitar da motoci, jirgi mai saukar ungulu kuma yana jiran ƙura ta lafa. Mutanen da suka iya kafa bene mai taɓa gajimare, a ce ƙura ta hana su tashi.

Yau a aji wata yarinya ta tambaye ni ko ba ni da lafiya. Ashe na tsaya da alli a hannu ban rubuta komai ba.

Laraba, 15 ga Mayu

Zafi kamar a bakin murhu. Na ɗebo ruwan randa, na kai baki, na kasa haɗiyewa.

Alhamis, 16 ga Mayu

Ammi ta ji. Ketura maƙwabciyarmu ce ta shigo jaje da safe, a bakin matar Kawu ta samu labari, ta ɗauka kowa ya sani. Ina ɗaki ina ɗaura ɗankwali na ji tana cewa, "Allah Ya bayyana shi, Ammi, mu ma muna ta addu'a."

Na fito da gudu don in tare Ammi idan za ta faɗi. Ba ta faɗi ba. Ta dube ni ta ce, "Tun yaushe?"

Na ce tun Lahadi.

"Ɗana yana kwance a rana, ni ina nan ina cin tuwo ina dariya. Addu'ar uwa kika hana shi, Rahmat."

Na ce jininta na ji wa tsoro. Ta ce, "Jinin nawa ai shi ne a can." Ta karɓi wayata ta sa na kira Sa'id, ta yi masa tambayoyin da ni na kasa yi. Daga nan ta shimfiɗa darduma. Ba ta sake yi mini magana ba.

Da azahar wayar ta yi ƙara. Ammi ce ta amsa. Na ga ta dafa bango, ta sunkuya, goshinta a ƙasa. An gan shi. Da rai. A ƙarƙashin tankar, ya haƙa rami ya kwanta.

Shi kaɗai.

Asabar, 18 ga Mayu

Ya iya magana yau. Leɓɓansa sun tsattsage, muryar kamar ta tsoho. Ya ce guntun ruwan da ya kwanta a gindin tanki suka riƙa tsotsa da tsumma.

Abin da ya fi damunsa ba ƙishirwa ba ne. Wai idan duhu ya yi ana hango hasken birnin a gefen sama, har da jajayen fitilun kan benaye suna ƙiftawa. "Ya Rahmat, kamar daga Hausari ki hango Kasuwar Monday. Kamar ki miƙa hannu." Karim ya ce tafiyar dare ɗaya ce. Umara ya riƙe masa riga, suka yi kokawa, ƙarfin kowa ya ƙare. Ran Talata Karim ya ɗauki gora ɗaya ya nufi hasken. Masu ceto sun ce ko a mota tafiya ce mai nisa.

A bene na sama suka kwantar da shi a asibiti, taga tun daga ƙasa har rufi. Ya roƙi a ja labule.

Laraba, 22 ga Mayu

Tun jiya na shirya maganata: ya tattaro ya dawo, ko keke ne ya ja a Maiduguri. Na maimaita ta a hanya har sau nawa.

Da Umara ya kira, kafin in buɗe baki ya ce ba zai taho ba sai an ga Karim. Ya san gefen da ya bi, gobe zai shiga motar masu nema. Cikin yashin nan dai. Na ji bakina ya ce, "To. Ka ɗauki ruwa da yawa."

Na tambaye shi ko Karim na da uwa. Ya ce tana nan a ƙauyensu, kamfani ya ce a dakata da sanar da ita sai an tabbatar. Na ce, "Kana da lambar gidansu?" Ya ce yana da ta yayansa. Na ce ya kira yau, ya ce a gaya mata.

Ammi na bakin ƙofa tana jin mu. Da ta zuba abinci, a kwano ɗaya ta zuba mana.