Mangwaron Da Kotu Ta Hana Tsinka

Iftikhar, sauran hasken idona, inuwata ta tsakar rana, ruwan farkon damina a kan busasshiyar ƙasa,

Kafin gaisuwa, cinka mini wannan: shekararta ashirin da uku, duk wata sai an kai ta gaban manya, ba ta taɓa yin taku ɗaya ba, amma ta ga bayan mijina, ta ga bayan matarka. Mece ce?

Shekaranjiya jikata Rukhsar ta ja ni sinima, wai in ga fim ɗin da ake yi wa kotu ba'a. Alƙali na gyangyaɗi, ɓera ya cinye shaida, lauya na roƙon a ɗage zama don baƙar rigarsa tana wurin mai wanki. Mutane har da riƙe ciki. Ni ma na dara, sai ga wani tsoho a fim ɗin ya shigo kotu da ɗingishin ƙarya, dariyar ta maƙale mini. Ɗingishinka ne sak, har da manta ƙafar da ke ciwon.

Washegari na titsiye lauyana. Ashe ɗagewa goma sha huɗu na baya duk daga ɓangarenka suka fito. Gwiwa, haƙori, da wata gwaggo da ta rasu har sau biyu. Kai, tsoho mai gashin baki kamar tsintsiya! Ina ta tsine wa alƙalan garinmu Bhopal, ashe ɓarawon yana gefena a kan bencin kotu, yana miƙo mini shayi a kofin ƙasa.

Na san dalili, ai ba jaka ba ce ni. Ka tuna ranar da ruwa ya tsare mu a ƙofar kotu, ka karkato laimarka kaina, kafaɗarka ta jiƙe sharkaf? Mako guda ƙamshin turarenka bai bar mayafina ba, ni kuma na ƙi wanke shi. Amma wannan so ne ko rowa? Kana ta ɗage zama don ka gan ni sau ɗaya a wata, sai ka ce jinjirin wata nake?

Dubi mangwaron nan na kan iyakar gidajenmu, wanda marigayi mijina ya kai ku ƙara a kansa. Kotu ta hana kowa tsinka, duk shekara yana nuna yana zubewa, jemagu ne kawai suka ci riba. Haka mu ma za mu nuna mu ruɓe, bango ɗaya tsakaninmu?

Ɗana Tanwir zai kwashe ni zuwa birnin Pune bayan Babbar Sallah, ya riga ya shafa wa ɗakin fenti. Shi ba ya ɗage zama. In kana so na, ka zo ta ƙofar gaba, da kwandon mangwaro a hannu da liman a bayanka, kuma kar in ga ɗingishi. In ka zo, ba inda za ni sai kabari.

Taka, wadda ta tsufa a kan benci tana jiranka, kuma ba ta da wani sai kai,
Zaibunnisa

Amsar kacici-kacicin ita ce shari'armu. Ranar Talata zan janye ta.