Mun Ci Shari'ar?

Mama,

Gaisuwa daga Washington. Ya ƙafar taki? Ya su Delbert?

Baba lafiya lau, kada ki damu. Sai dai jiya a majalisa ya miƙe zai kare asibitin garinmu, ya dubi shugaban majalisa ya ce, "Ya Mai Shari'a, wanda nake karewa ba shi da laifi." Shekara talatin rabonsa da kotu, tun yana lauya, Mama! Kowa ya yi dariya, wai barkwanci ne.

Alhamis za a kaɗa ƙuri'a kan rufe asibitin, tasa ce za ta raba gardama. Ki yi mana addu'a, amma kada 'yan coci su ji halin da yake ciki.

Da muka fito daga majalisar jiya ya kira ni da sunanki, ya ce, "Mun ci shari'ar?" Na ce eh.

'Yarki,
Corinne