Ranar da Hester Ta Tare Jirgi

Ni Ambrose Tregear, mai ɗaukar fim a tashar jiragen ruwa ta Port Adelaide, na rubuta wannan da hankalina garau, ko da yake likita ya fara yi mini magana ƙasa-ƙasa. Lionel da Mavis, 'ya'yana, ku saurara.

Na ɗaya. Kyamarata ta Lionel ce. Ka riƙa juya hannunta a natse, ɗana, ba niƙa kake ba. Saurin juyi nauyin tafiya yake jawowa a fim: ranar da ka yi garaje, jirgin kwal ya fito a allo yana rarrafe har 'yan kallo suka yi minshari.

Na biyu. Tsohon akwatin kyamarar nan mara komai a ciki, kada a yar. 'Yan dako in sun ga kyamara sai su ajiye buhu su washe baki. Ka kafa musu shi su yi ta ɗaga hannu, ka zaga gefe ka ɗauki masu aiki.

Na uku. Gabar nan taku ta ishe ni. Mavis, da aka haska fim ɗin auren yayanki Lionel kika buga taken jana'iza a fiyano, ba ki kyauta ba. Na yi dariya, amma ba ki kyauta ba. Kai kuma Lionel, yaran da aka haifa a auren har sun shiga makaranta, haba!

Na huɗu, shi ne babba. Wata safiya na kafa kyamara, babban jirgin London na shigowa yana tuƙa hayaƙi, sai ga mahaifiyarku Hester da kwanon abinci. Ta tsaya gaban kyamara ta tare jirgin kaf, tana nuna ni da yatsa, wai jirgin ne zai sha miyar in ta huce? Allah ya taimake ni fim ba ya ɗaukar murya. Ranar na ji haushi. Yau kuwa da ta rasu, duk duniya a fim ɗin nan kaɗai take motsi, kuma ina kewarta ƙwarai.

Gwangwanin wannan fim na Mavis ne, majigin haska shi na Lionel. Ba a sayarwa, ba aro, ba aike. Mai son ganin uwarsa ya taka ya je gidan ɗan'uwansa. Mavis, mijinki Horace ya tsaya waje da lofensa, fim ɗin ya fi kananzir kama wuta.

Allah ya yi muku albarka, ya haɗa kanku. In kun haska ta, ku dubi yatsan nan da kyau. Ni na tafi, ku take nunawa.